Belkis Ayón Ba Ta Tona Asirin Kowa Ba

Kalmar asiri a Hausa tana da harshen damo. Tana nufin abin da aka ɓoye, tana kuma nufin abin da ake haɗawa a ɓoye domin ya yi aiki a kan wani. Wanda ya riƙe ma'anonin nan biyu a zuciya zai fi saurin fahimtar tambayar da ke rataye a kan aikin Belkis Ayón, baƙar fata ƴar ƙasar Kyuba, wadda ta ƙarar da gajeruwar rayuwarta tana buga hotuna a kan wata ƙungiyar asiri da ba ta karɓar mata.

An haife ta a birnin Habana a 1967. Ta yi karatun zane a makarantar San Alejandro, sannan ta kammala babbar cibiyar fasaha ta ƙasar a 1991, ta kuma koyar a can. Sana'arta bugu ce, ba shafa fenti a kan ƙyalle ba. Takan samu kwali, ta yanka takardu iri-iri da samfefa har da ɓawon kayan lambu, ta manna su a kai, ta shafa tawada, ta ɗora takarda, ta bi da su ta cikin injin matsi. Inda kwalin ke da kaushi sai ya riƙe tawada ya fito baƙi wuluk, inda yake da santsi kuma ya fito fari. Ana kiran wannan dabara kolografi. Da yake faɗin injin yana da iyaka, sai ta riƙa buga hoto guda a fallaye da dama, ta jera su har hoton ya kai tsayin mutum ko ya wuce. Daga farkon shekarun 1990 ta ajiye launuka, ta tsaya a kan baƙi da fari da toka-toka, kuma a daidai lokacin ne Kyuba ta shiga ƙuncin da ya biyo bayan rushewar Tarayyar Sobiyet, kayan aiki suka yi wuya.

Ƙungiyar da ta ɗauki hankalinta ita ce Abakuá, wadda aka kafa a Regla, kusa da tashar jiragen ruwan Habana, a 1836. Tushenta na Afirka ne: bayin da aka kwaso ta Kalaba sun tafi da tsarin ƙungiyar Ekpe, wato damisa, ta yankin Kuros Riba da kudu maso yammacin Kamaru. Labarin asalin ƙungiyar kuwa ya dogara ne a kan mace. Sikán, ƴar sarki, ta je ɗiban ruwa a kogi, sai wani kifi mai alfarma da ake kira Tanze ya shiga ƙwaryarta, ta zama mutum na farko da ya ji muryar asiri. Da aka tuhume ta da bayyana abin da ta ji, aka yanke mata hukuncin kisa, maza suka riƙe muryar a cikin ganga, aka rufe wa mata ƙofa.

Zargin da za a iya yi wa Ayón a bayyane yake: mace ce, ba ƴar ƙungiya ba, ta ɗauki abin da masu shi suka killace ta rataya a bangon gidajen kallo na Turai da Amurka. Amma kafin a kira wannan tonon asiri, sai an tambaya me ta fitar wanda yake a ɓoye. Ba ta shiga ɗakin ibadarsu ba. Labarin Sikán da alamomin ƙungiyar ta same su ne a littattafan da aka riga aka wallafa, musamman na Lydia Cabrera da Enrique Sosa. Abin da ba ya cikin littattafan nan shi ne siffa. Abakuá tana da alamomin rubutu, tana da masu rawa cikin rufaffen kaya, amma ba ta da al'adar zana fuskokin mutanen labarinta. Fuskar Sikán da duniya ta sani a yau, mai manyan idanu, jiki lulluɓe da ɓawon kifi, Ayón ce ta ƙirƙire ta.

Kuma ta ƙirƙire ta ba baki. Nan ne hujjar ta fi ƙarfi. Mutanen da ke cikin hotunanta suna kallon mai kallo ƙuri, amma ba su da abin faɗa masa komai da shi. A hotonta La cena na 1991, ta aro tsarin jibin ƙarshe na al'adar Kirista, ta zaunar da Sikán fara fat a tsakiya, ga kifi a kan tebur, mafi yawan mazauna teburin kuma mata ne. Mai kallo yana barin gabansa bai san ko kalma ɗaya daga rantsuwar ƙungiyar ba. Abin da ya sani shi ne an kashe mace kafin maza su sami abin da suke tsaro, kuma wannan ƙungiyar da kanta take ba da labarinsa.

Duk da haka akwai inda masu ƙorafi ke da gaskiya. Kasancewar abu a littafi ba ya nufin masu shi sun yarda a wallafa shi, kuma Cabrera kanta baƙuwa ce a wurin waɗanda ta yi rubutu a kansu. Alamomin da Ayón ta saka a jikin wasu hotunan nata tsarkaka ne a idon ƴan ƙungiya. Sai dai idan har za a ɗora laifi, a ɗora shi a inda aka fara fitar da su, a kuma auna yadda ta riƙe su: ba ta mayar da su adon ƴan yawon buɗe ido ba, ba ta kuma yi musu izgili ba.

Ayón ta kashe kanta a watan Satumba na 1999 tana da shekara 32, bayan ta riga ta kai aikinta babban baje kolin fasaha na Benis a Italiya a 1993. Sunanta ya ƙara fita bayan rasuwarta: baje kolin Nkame ya isa Los Angeles a 2016 da New York a 2017, gidan tarihi na Reina Sofía a Madrid ya nuna ayyukanta a 2021, Benis ta sake karɓar su a 2022. Tare da wannan ɗaukaka sai wata ɗabi'a ta shigo, ta karanta kowace fuska marar baki a matsayin wasiƙar bankwana. Masu yin haka su ne suke neman tona abin da ba nasu ba, kuma lissafi bai goyi bayansu ba, domin fuskokin nan suna nan cikakku tun 1991, shekara takwas kafin mutuwarta, lokacin da take yanka kwali da hannunta.