Abin da Kerala ta yi wa harshenta, mu ma sai mu duba



Yau ina so mu leƙa Indiya, ba don fim ba. A kudancin ƙasar akwai wata jiha mai suna Kerala, wadda aka kafa a 1956 bisa harshen mutanenta, wato Malayalam. Masu wannan harshe sun kai wajen miliyan 35, ba su ma kai yawan masu jin Hausa ba. Manyanmu da suka yi sakandare a Arewa a shekarun 1970 da 1980 za su tuna malaman lissafi da kimiyya Indiyawa. Da yawa daga cikinsu mutanen Kerala ne.

A 1968 gwamnatin jihar ta kafa wata cibiya a babban birninta, Thiruvananthapuram, ana kiranta Kerala Bhasha Institute, wato cibiyar harshe ta Kerala. Shugabanta na farko shi ne N. V. Krishna Warrior, marubuci kuma ɗan jarida. Aikinta shi ne buga littattafan ilmi mai zurfi cikin Malayalam: kimiyya, aikin injiniya, likitanci, tarihi, tattalin arziki. Tana fassara, tana tsara ƙamus na kalmomin fannoni, tana kuma fitar da mujalla mai suna Vijnana Kairali. Yau fiye da shekara 50 ke nan ana wannan aiki.

Ra'ayina a nan shi ne, harshe ba ya zama harshen ilmi da kirari. Mu Hausawa gwanaye ne wajen cewa harshenmu ya game duniya, ana jin sa a BBC da Jamus. Gaskiya ne. To amma ɗauki ɗalibi ka ce ya nemo maka littafin da ya bayyana yadda ƙoda ke aiki, ko yadda wutar lantarki ke tafiya a waya, cikin Hausa mai kyau. Zai sha yawo. Ɗan kasuwa ba zai zuba kuɗinsa a irin wannan littafi ba, domin ba ya fita da sauri kamar littafin soyayya. Shi ya sa sai hukuma ta sa hannu, ta biya marubuta da masu fassara, shekara bayan shekara.

Kuma ba baƙon abu ba ne gare mu. A Zariya an yi Hukumar Talifi, aka kafa kamfanin Gaskiya a 1945, aka yi NORLA a shekarun 1950. Abubakar Imam da Dokta East sun rubuta Ikon Allah don bayyana kimiyya da Hausa. Mun fara kafin Kerala ta kafa cibiyarta. Bambancin shi ne su sun riƙe, mu mun saki.

Na san wani zai ce ai Turanci ne ke ba da aiki. Haka ne, ko a Kerala iyaye suna rububin makarantun Turanci, kuma yawancin karatun jami'a da Turanci ake yi. Amma duk da haka ba su yar da nasu ba, kuma a ƙidayar 2011 kusan kashi 94 cikin 100 na mutanen jihar sun iya karatu da rubutu. Ba cibiyar ce kaɗai ta kawo haka ba, akwai makarantu da ɗakunan karatu na ƙauyuka. Sai dai wanda ya koyi karatu yana bukatar abin karantawa mai amfani, kuma an tanadar masa.

Abin da ya fi shafarmu mu mazauna kudu shi ne wannan: mutanen Kerala ma 'yan ci-rani ne, sun cika Dubai da Saudiyya da Katar. A 2009 gwamnatinsu ta kafa Malayalam Mission don koya wa 'ya'yansu da ke waje harshen gida. Mu fa? Yaranmu suna jin Yarbanci da Ibo da Turancin buroka, Hausarsu ta cefane ce da gaisuwa. Ba su taɓa ganin ta a littafin da ke koyar da wani abu ba, to yaya za su ɗauke ta da daraja?

Shawarata biyu ce. Gwamnonin Arewa su haɗa kai su kafa cibiya guda mai kasafin kuɗi tsayayye, su jawo malaman jami'o'in Bayero da Ahmadu Bello da Usmanu Ɗanfodiyo. Mu kuma kada mu zauna jira. Sarakunan Hausawa da ƙungiyoyin 'yan kasuwarmu za su iya buɗe ajin karatun Hausa ranar Asabar a Islamiyyunmu, su sayi littattafan da ake da su. Da babu gara ba daɗi.

Allah ya sa mu dace. Sai na ji ra'ayoyinku.