Vittorio Storaro, mai rubutu da haske

Idan fim ya ƙare sunaye suka fara gangarowa, yawancinmu tashi muke yi. Jarumi mun san shi, darakta ma wataƙila. Amma wanda ya tsara inda haske zai faɗa a fuskar jarumin, da inda inuwa za ta kwanta, ba mai tambayar sunansa. Yau ga ɗaya daga cikinsu, Vittorio Storaro, mutumin Italiya.

An haife shi a birnin Rum a shekarar 1940. Mahaifinsa mai haska majigi ne a kamfanin fina-finai na Lux, don haka yaron ya tashi yana ganin hoto na motsi a bango. Yana ɗan shekara 11 ya shiga makarantar koyon ɗaukar hoto, yana da 18 ya samu shiga babbar makarantar fim ta ƙasar. Wato a shekarun da kuke ciki yanzu, shi yana can yana wanke hoto a ɗaki mai duhu.

Sunansa ya fito a 1970 da fim ɗin The Conformist na darakta Bernardo Bertolucci. Daga nan Francis Ford Coppola na Amurka ya kira shi zuwa dazukan Filifin don ɗaukar Apocalypse Now, fim a kan yaƙin Biyetnam da ya fito a 1979. A ƙarshen fim ɗin, Storaro ya bar jarumi Marlon Brando cikin duhu, sai gefen kansa ko rabin fuskarsa ke leƙowa cikin haske. Tun kafin mutumin ya buɗe baki, gaban mai kallo ya faɗi. Wannan aikin ya ba shi kyautar Oscar ta farko. Ya ƙara ta biyu da Reds na 1981.

Ni dai a wurina aikin da ya fi koyarwa shi ne The Last Emperor na 1987, wanda ya kawo masa Oscar ta uku. Labarin Puyi ne, sarkin Sin na ƙarshe, wanda aka ɗora kan karaga a 1908 bai cika shekara uku ba. A cikin ainihin tsohuwar fadar sarakuna ta Beijing aka ɗauke shi. Storaro ya raba rayuwar sarkin da launuka. Ja na jini da haihuwa ne. Rawaya ta sarauta ce, domin a fadar sarki kaɗai ke sa irin wannan rawayar. Kore kuwa, wanda ya ɗauka a matsayin launin ilimi, ya ɓoye shi har sai da malamin yaron, wani Bature, ya iso fadar, kuma koren keke ne yaron ya samu daga wurinsa. Mai kallo ba lallai ya lura ba, amma zai ji a jikinsa cewa wani abu ya canza. Shi ya sa Storaro yake kiran sana'arsa rubutu da haske, har ya wallafa littattafai da wannan suna.

Ya kuma yi aiki a Sifen tare da darakta Carlos Saura, a fina-finan rawa da kiɗa.

Masu karanta mu daga Nijar kuwa, kyamararsa ta taka ƙasarku. Fim ɗin The Sheltering Sky na 1990, shi ma na Bertolucci, an ɗauke shi a Maroko da Aljeriya da Nijar, wani sashensa a cikin tsohon garin Agadas, a wani gidan ƙasa mai zane-zane da aka sani da gidan mai burodi. Hoton wannan fim ya ciyo masa kyautar BAFTA a Ingila, kuma gidan yana nan har yau.