Gwarzon Shirin Shi Ne Mai Gyara

Akwai abin da ido ba ya gani a kallon farko, sai an sake komawa. Da yawa daga cikinmu mun taso da finafinan talabijin na ƙagaggen kimiyya daga Amurka, kuma yanzu da waya ta sauƙaƙa samun su, muna maimaita su da idon manya. A ƙuruciya kyaftin muke yabo da mai riƙe da bindiga. Yau da nauyin gida da na mota suka hau kanmu, wani mutum daban ne ke ɗaukar hankalinmu.

Mu ɗauki Star Trek, wanda Gene Roddenberry ya ƙirƙiro aka fara nunawa a 1966. Kyaftin Kirk ke ba da umarni, amma duk sanda jirgin Enterprise ya shiga uku, wurin Scotty injiniya ake komawa. Bayan an farfaɗo da shirin a 1987, daga baya wannan kujerar ta koma hannun Geordi La Forge, wanda LeVar Burton, baƙar fata, ya fito a matsayinsa. Haka ma Knight Rider na 1982: motar nan KITT tana magana, tana tuƙa kanta, amma da ta samu matsala Bonnie ce ke gyara ta. Marubutan sun san cewa kowace na'ura, komai ƙwarewarta, rayuwarta tana hannun mai gyara.

Duk wanda ya zauna da matsakaiciyar mota irin Toyota Camry ya san wannan a jikinsa. Ita ce mai kai yara makaranta, mai ɗaukar amarya, mai kai mara lafiya asibiti cikin dare. Yawancinmu ta hannu muke saye, wadda ta riga ta yi shekaru a Turai ko Amurka. Abin da ya riƙe ta a kan titi shi ne bakanike. Iyayenmu sun yi zamani da Peugeot 504, motar da ta fito a 1968 aka kuma daɗe ana haɗa ta a Kaduna, wadda bakanike ke gane ciwonta da kunne kawai.

Wancan zamanin yana shuɗewa. Tun daga 1996 doka a Amurka ta wajabta wa motoci tsarin kwamfuta mai bayyana inda matsala take, kuma motocin da ke sauka a tashar Tema yanzu cike suke da wayoyi da na'urorin ji. Wanda bai iya karanta abin da kwamfutar ta faɗa ba sai lalube, yana canza kayan gyara masu lafiya, mai mota yana asarar kuɗi.

A nan ne maganar ta shafe mu. Yaran zangonninmu da yawa a gareji suke neman abinci, daga Suame Magazine na Kumasi har Nima. Idan muka ci gaba da ɗaukar kanikanci a matsayin mafakar wanda boko ya gagara, za mu wayi gari sana'ar ta fita daga hannunmu. Yaron da za a kai gareji yau yana buƙatar karatu, da lissafi, da sanin lantarki, kamar yadda yake buƙatar sifana.

Don haka kira muke ga iyaye da iyayen gida a gareji da shugabannin zango: a bar almajirin sana'a ya haɗa makaranta da aiki, a haɗa kuɗi a sayi na'urar binciken mota ko da guda ɗaya ce a unguwa. Da tsohuwar zuma ake magani, amma sabon ciwo sai an koyi sunansa kafin a yi masa magani.