Sai An Gwada Akan San Na Ƙwarai

Akwai wata magana wadda manyan masu kamfanonin silima na Amurka suka daɗe suna fakewa da ita. In aka tambaye su abin da ya sa ba su ba mata aikin darakta, watau mai ba da umarni wurin ɗaukar fim, sai su ce wai ba ƙwararru cikinsu. To, ina mace za ta ƙware tun da ba a yarda ta taɓa aikin ba? An hana ta shiga kogi, sa'an nan kuma ana yi mata gorin rashin iya iyo.

Mai karatu ya dubi lissafi. Cikin 1929 aka soma ba da kyautar Oscar, amma ba a sa sunan mace cikin 'yan takarar darakta ba sai 1977. Ba kuwa macen da ta ci sai 2010, sa'ad da aka ba Kathryn Bigelow. Shekara 81 ke nan! Ashe duk tsawon wannan zamani ba a haifi mace mai basira ba? Ai ko yaro ba ya yarda da wannan.

Wadda ta tona asirin wannan ƙarya ita ce Ava DuVernay, wata baƙar fata da aka haifa a Kalifoniya cikin 1972. Ba ta shiga makarantar koyon fim ba, ta dai yi shekaru tana tallan finafinan waɗansu kafin ta shirya nata. Cikin 2012 ta ci kyautar darakta a bikin Sundance, ita ce kuwa baƙar mace ta fari da ta ci. Cikin 2014 ta fito da Selma, labarin tattakin da Martin Luther King ya jagoranta cikin 1965 don neman 'yancin zaɓe. Alƙalan Oscar suka sa fim ɗin cikin takarar wanda ya fi kyau, amma suka bar sunanta a waje. Sun yaba tuwo, sun manta da mai tuƙi.

Ba ta tsaya kuka ba. Da ta sami ikon shirya wasan talabijin mai suna Queen Sugar cikin 2016, sai ta yanke shawara kowane kashi mace ce za ta ba da umarninsa. Haka aka yi har wasan ya ƙare cikin 2022, a hannun mata 42, yawancinsu kuwa ba a taɓa ba su irin wannan aiki ba. Cikinsu har da Julie Dash, wadda ta yi suna tun 1991 amma manyan kamfanoni suka juya mata baya. Wata kuma, Victoria Mahoney, daga nan aka kira ta aikin Star Wars na 2019. Watau dai ƙwararrun suna nan tun da, ƙofa ce a ke rufe musu.

Waɗansu sun ce ai ita ma ta nuna bambanci, tun da ta hana maza. Abin mamaki, su ɗin nan ba a ji bakinsu ba sa'ad da a ke shirya wasanni barkatai babu mace ko ɗaya a kujerar darakta. Wanda ya yi shiru ana cin rabon ƙanwarsa shekara da shekaru, bai kamata ya ta da jijiyar wuya don an ba ta akushi guda ba.

Saboda haka hujjar masu kamfani ta faɗi. Abin da mace guda ta iya yi da wasa guda, su da ke riƙe da ɗaruruwa ba su da bakin cewa ya gagare su. In har yanzu sun ƙi, to, su faɗi gaskiya: ba su so ne.