Daga Alƙalamina: Takardar Da Ta Tada Hankalin Inna

Yau labarin gidanmu na nan Ƙofar Kaura zan ba ku.

Ranar wata Asabar Inna ta aiko a kira ni. Na tarar da ita zaune a tsakar gida riƙe da wata takarda da ta tsinta cikin jakar makarantar autarmu, ita kuwa Auta tana rakuɓe a bakin murhu idonta ya yi jawur.

"Ke da kike rubuta littattafai, karanta min wannan. Wallahi in ta saurayi ce, yau Malam zai ji, kuma ta gama boko."

Na karɓa na duba, sai na ga an rubuta: "job tpo lbsbuv, cb ob tpo bvsf." Tabɗi! Ba Hausa ba, ba Turanci ba, kuma ba zaurancen da muka saba yi da baki muna cusa gaɓa cikin kalma ba. Wannan sauya haruffa aka yi.

Dabarar tsohuwa ce. Yuliyas Kaisar na Rum yakan matsar da kowane harafi gaba sau uku in zai aika da sirri. A ƙarni na 9 kuma malamin nan na Bagadaza, Al-Kindi, ya rubuta yadda ake warware irin wannan: a ƙirga harafin da ya fi yawa a takardar, a gwada shi da wanda ya fi yawa a harshen. To mu a Hausa wa ya kai "a" yawa? Na ƙirga, "b" ta fito sau 6. Ke nan "b" ita ce "a", taki ɗaya aka matsa. Sai na shiga mai da kowane harafi baya.

"Ina son..." na karanta a fili. Inna ta dafe ƙirji.

"Na shiga uku! Son wa?"

Gabana ya faɗi, hannuna na rawa na ƙarasa: "Ina son karatu, ba na son aure."

Tsakar gida ta yi tsit. Ashe ƙawarta ta rubuta wa, don ta ji ana maganar ba da ita ga wani ɗan'uwanmu bayan salla, ta rasa wanda za ta faɗa wa. Ta dube ni hawaye na zuba ta ce, "Yaya, kin tona min asiri."

Maganar nan ta tsaya min a rai. Warware haruffan bai ci minti goma ba, amma shekara goma sha biyar muna gida ɗaya ban karanci damuwarta ba. Da daddare ni da Inna muka sami Baba, ya yi shiru can ya ce a bari ta gama sakandare tukuna.

Iyaye mata, in yarinya ta fara ɓoye magana cikin haruffa, ku tambayi kanku me ya hana ta faɗa muku da baki. 'Yan mata kuma ku sani, wannan rubutu ba ya riƙe sirri, ko ɗan firamare mai haƙuri zai kwance shi.

Sai mun haɗu a fitowa ta gaba in Allah Ya kai mu. Taku har kullum.