Faifai a hannu, wasa a sama: cinikin birin da ake yi mana a gem

A watan Oktoban 2022, da wasan Call of Duty: Modern Warfare II ya fito, waɗanda suka sayi faifansa na PlayStation 5 sun ga abin mamaki. Irin wannan faifan yana iya ɗaukar giga 100, amma abin da kamfanin ya zuba a ciki megabait 70 ne da 'yan kai, bai ma kai nauyin bidiyon kamu guda ɗaya da ke cikin wayarka ba. Sauran wasan gaba ɗaya sai ka jona intanet ka sauke, kuma in ka haɗa da Warzone maganar ta haura giga 100. Wato ka biya kuɗin faifai, an miƙo maka kwali mai sheƙi, amma abin da ke ciki makulli ne kawai. Kayan suna can a wani rumbu a ƙasar waje, kuɗin dakonsu kuma a aljihunka zai fita.

Ga wanda ke zaune a Landan ko Tokiyo da intanet ɗin gida marar iyaka, wannan ɗan jinkiri ne na awa ɗaya ko biyu, ya sha shayi ya dawo. Ga saurayin da ke Kurna ko Tudun Wada, wanda ya yi wata uku yana tara kuɗin faifan, wannan wani sabon ciniki ne da ba a faɗa masa ba lokacin da yake biya. Ni a ganina nauyin gem ya zama haraji a ɓoye, kuma mu da datarmu ke da tsada, wutarmu ba tabbas, mu ne muka fi kowa biyansa.

Waɗanda suka taso da PlayStation 2 sun san ba haka abin yake ba a da. Ka sa faifan Winning Eleven, ka ji ƙarar na'ura, bayan minti ɗaya an take leda. Memorin da ake adana wasa a ciki megabait 8 ne kacal, kuma yana isar mutum shekara da shekaru. Da PlayStation 4 ta zo a 2013 sai doka ta canza: kowane wasa, ko da faifai ka saye shi, sai an kwafe shi zuwa cikin na'urar. Kuma gaskiya akwai dalili. Faifai ba ya karantuwa da saurin da wasannin yanzu ke buƙata. Ma'ajiyar da ke cikin PS5 tana iya fito da giga 5.5 a daƙiƙa ɗaya, abin da faifai zai shafe mintuna yana jan ƙafa kafin ya kawo. Don haka ni ban ga laifin kwafewa ba. Kwafewa daga faifai ba ta cin ko sisin data. Red Dead Redemption 2 da ya fito a 2018 ya kai wajen giga 100, amma a faifai biyu aka sayar da shi, ɗaya na zuba kaya ɗaya na bugawa, kuma mutum yana iya gama labarin wasan ba tare da ya taɓa intanet ba. Final Fantasy VII Rebirth ma a 2024 faifai biyu aka yi masa. Ashe dai in ana so ana iyawa.

To bari mu yi lissafi, don a nan ne yawancinmu ke faɗawa rami. Kamfanonin sadarwa da megabit suke auna sauri, na'urar gem kuma da megabait take auna nauyi, kuma bit 8 ne ke yin bait 1. In sabis ɗinka yana ba ka megabit 10 a daƙiƙa, kuma ya tsaya a haka bai yi ƙasa ba, wasan giga 100 zai ci awa 22 da 'yan mintuna kafin ya sauka. Awa 22 na wuta ba yankewa. Malam, a wace unguwa? Ko 'yan rukunin Band A, da aka mayar musu da kuɗin wuta naira 225 kan kowane yunit a watan Afrilun 2024, awa 20 aka yi musu alkawari a rana. Sauran jama'a sai dai a tada inji a zuba masa fetur, ba don a buga wasa ba, don a zauna ana kallon wani layi yana tafiyar hawainiya a talabijin. In kuma aka ɗauke wuta ana tsaka da rubuta fayil, na'urar za ta tashi tana yi maka faɗa cewa ba a kashe ta yadda ya dace ba, ta tsaya gyaran ma'ajiyarta, wani lokacin ma fayil ɗin ya lalace a koma farko.

Sai kuɗin datar kanta. A watan Janairun 2025 hukumar NCC ta amince wa kamfanonin waya su ƙara farashi har zuwa kashi 50 cikin ɗari. Ba sai na faɗa maka nawa ake sayar da giga 100 a layinka ba, ka fi ni sani. Ɗauki wannan kuɗin ka ɗora a kan kuɗin faifai, ka ƙara na fetur, shi ne ainihin farashin wasan. Kuma ba sau ɗaya ake biya ba. Wasannin da ake bugawa da mutane ta intanet, irin su Warzone da Fortnite da EA Sports FC, ba sa barin ka shiga fili sai ka sauke sabon gyaran da aka fitar, kuma gyaran nan ba ya ƙarewa. Ka dawo daga makaranta ko kasuwa a gajiye, ka ce bari in buga wasa biyu kafin isha'i, sai na'ura ta ce sai ka jira giga 20.

Masu PS4 suna da nasu ƙarin ciwon kan. Gyara ya sauka, ƙarami ne ma, amma sai na'urar ta shiga abin da take kira kwafewa, ta sake rubuta fayil ɗin wasan kusan gaba ɗaya. Shi ya sa za ka ga tana cewa babu wuri alhali kana ganin giga 40 a buɗe. Ba ta lalace ba, kar wani mai gyara ya karɓe maka kuɗi a banza. Wurin shimfiɗa kwafi na biyu take nema.

Maganar wuri kuwa, abin da aka rubuta a kwali daban, abin da za ka samu daban. PS5 ta farko da ta fito a Nuwamban 2020 an ce giga 825 ce, amma wajen 667 ne naka, sauran manhajar na'urar ta cinye. Xbox Series S, wadda matasa da yawa ke saya saboda sauƙin kuɗinta, an rubuta mata 512, abin amfani wajen 364, kuma ba ta da ramin faifai ko kaɗan, komai sai an sauke. Manyan wasanni uku ko huɗu sun cika ta. Daga nan sai a fara goge wannan don a sa wancan, kuma duk abin da ka goge, ranar da ka yi marmarinsa sai ka sake biyan kuɗin dakonsa. Araha dai ba ta ado.

Na san abin da wasu za su ce: ai kowa ya sayi rariya ya san za ta zubar da ruwa, kuma mu ne muke son hoto mai kyau, gumin ɗan wasa yana sheƙi, ciyawar fili kamar ka taɓa. Haka ne, hoton 4K yana da nauyi. Amma ba duk nauyin nan ne dole ba, kaso mai yawa sakaci ne. Titanfall na 2014 a kwamfuta giga 48 ne, kuma 35 daga ciki sauti ne da ba a matse ba, har da harsunan da mai wasan ba zai taɓa saurara ba. A zamanin PS4 masu haɗa wasa sukan maimaita abu ɗaya, kamar akwatin wasiƙa na bakin titi a Spider-Man, sau ɗaruruwa a cikin fayil don tsohuwar ma'ajiya ta same shi da wuri. A sababbin na'urori wannan dalilin ya kau. A Oktoban 2020 kamfanin Epic ya rage wa Fortnite na kwamfuta sama da giga 60 a tashi ɗaya, kuma wasan bai ragu da komai ba. Da ma ana iyawa, ba a dai ga dalilin wahalar da kai ba ne, tunda ba kamfani ke biyan data ba.

Abin da ya fi ba ni haushi shi ne al'adar fitar da wasa bai dahu ba, a ce za a gyara daga baya. Cyberpunk 2077 ya fito a Disamban 2020 cike da matsala a PS4, har Sony ta cire shi daga shagonta na wata shida. An gyara shi daga baya, amma wa ya sauke gyare-gyaren? Mai saye. Kamar tela ne ya ba ka riga ranar sallah babu hannu ɗaya, ya ce ka riƙa zuwa shago duk mako da kuɗin motarka ana ƙarasawa.

Kuma mu a lissafinsu ma ba ma ciki. Najeriya ba ta cikin jerin ƙasashen da ake buɗe asusun PlayStation da sunansu, shi ya sa kusan kowa a nan ɗan Amurka ne ko ɗan Ingila a na'urarsa, da adireshin gidan da bai taɓa gani ba, yana sayen katin kuɗi da dala. Wanda bai san da zamanka ba, ina zai damu da datarka?

Wannan gibin ne ya haifar da sana'ar lodi. A kasuwannin kayan lantarki irin su Beirut Road da Farm Centre a Kano, da takwarorinsu a Kaduna da Jos, ana sayar da na'ura a cike da wasanni, ko ka kai taka a zuba maka. Ba na zagin masu wannan sana'a, buƙata ce ta kawo su, kuma gidajen gem da yawa da ke ciyar da iyali da su suka dogara. Amma a san iri biyu ne. Akwai na'urar da aka fasa wa tsaro aka zuba mata wasannin da ba a biya ba. Wannan kayan wani ne aka ɗauka ba izini, ko mun so ko mun ƙi, kuma duk ranar da ƙaninka ya danna sabunta manhaja, wasannin sun rufe ke nan. Akwai kuma masu sayar maka da wasa a asusun da mutum biyar ke amfani da shi, ranar da mai asusun ya canza lambar sirri kuɗinka sun bi ruwa. Ka tambaya wanne ake sayar maka kafin ka ƙirga kuɗi.

Akwai hanyar halal da ba mu cika amfani da ita ba, alhali ta dace da yadda muke rayuwa a majalisa. Tun 2017 PS4 take karɓar ma'ajiyar waje ta USB, daga giga 250 zuwa sama, kuma ana buga wasa kai tsaye daga cikinta. A PS5 ba a buga wasanninta daga irin wannan ma'ajiya, amma ana ajiye su a ciki a dawo da su in an tashi, ba tare da an sake saukewa ba. Xbox ma haka. To in ku biyar ne kuke da wasa iri ɗaya, kowa da faifansa ko nasa asusun, me zai sa kowa ya ƙona giga 100 shi kaɗai? Mutum ɗaya ya sauke inda sabis ke da ƙarfi, ko da datar dare, sauran su kwafa, a raba kuɗin. Sai dai a lura faifan ya zama na yanki ɗaya, don na Amurka da na Turai na'ura tana ɗaukarsu wasa biyu ne daban. Sannan a shiga saiti a kashe saukar da gyara kai tsaye, a cire sassan da ba a bugawa, tunda Call of Duty da wasu suna barin a goge ɓangaren labari a bar na fafatawa. Wasan labari kuwa na mutum ɗaya, cire intanet ka sa faifan ka gwada tukuna, da yawansu suna tashi lafiya lau.

Sai dai duk wannan dabarar talaka ce, ba ta taɓa tushen matsalar, kuma alamu sun nuna abin gaba yake yi. Black Ops 6 na 2024 ko labarinsa na mutum ɗaya ba ya buɗewa sai da intanet. PS5 Pro ta fito a shekarar babu ramin faifai, sai ka saya daban. A ƙarshen Maris na 2024 Ubisoft ta kashe wasan tseren mota The Crew, har masu faifai a hannu suka wayi gari da kwali kawai, abin da ya tada yunƙurin Stop Killing Games da ya tara sa hannun mutum sama da miliyan ɗaya a Tarayyar Turai. Su can da suke da intanet kamar ruwan famfo sun fara cewa ba su yarda ba. Mu da abin ya fi ci, shiru muke, sai dai mita a gidan gem.

Nintendo ma ta bi sahu a Switch 2 da ta fitar a Yunin 2025, da katin da babu wasa a cikinsa sai izinin saukewa. Amma ko ba komai ta rubuta a gaban kwalin ɓaro-ɓaro cewa makulli ne, da adadin gigar da za a sauke. Iyakar abin da nake nema ke nan daga sauran kamfanoni, kuma tunda muryarmu ba ta isa Kalifoniya, sai in fara da na kusa. 'Yan uwa masu shagon gem, ku ne kuke sa faifan nan a na'ura kullum, kun san wanda ke tashi babu intanet da wanda ba ya tashi. Ku manna 'yar takarda a jikin kowane kwali: giga nawa yake ci a na'ura, giga nawa za a sauke, yana buɗewa babu sabis ko a'a. Wanda ya fara yin haka a layinku, ni dai wurinsa zan riƙa tura ƙannena. Kai kuma mai saye, in mai shago ya ce bai sani ba, ce masa ya sa faifan a na'urar shagon, ya cire intanet, ku gani tare kafin kuɗi su bar hannunka.