An Bar Jaki Ana Dukan Taiki

A shekarar 2013 waɗansu masana daga Faransa da Kamaru suka ba da labarin da ya ba duniya mamaki. Suka ce sun sami maganin nan tramadol a cikin saiwar tafashiya, itacen da masu maganin gargajiya suka daɗe suna jiƙawa domin zazzaɓi da ciwon jiki. Ashe, in ji su, maganin da Jamusawa suka harhaɗa a ɗakin bincike a 1962 yana nan a dajin arewacin Kamaru, Allah ya halicce shi tun farko. Murnar ba ta daɗe ba. A 2014 waɗansu masana daga Dortmund ta Jamus suka bi sawu, suka tarar da tramadol a saiwar waɗansu itatuwa dabam, da cikin turɓaya, har da cikin ruwa, amma a Lardin Arewa Mai Nisa kaɗai; tafashiyar kudu ba ta da ko ɗigo. Da suka tambayi manoma, sai gaskiya ta fito. Mutane suna sha, suna kuma ba shanun huɗa domin kada su gaji. Abin da ya fita cikin fitsari da kashi shi ne itatuwan suka tsotsa.

Mai karatu ya tsaya ya auna wannan. Ƙwaya nawa za a sha a ƙasa kafin turɓayarta ta ɗauka? Kuma wa ya kawo ta da yawa haka, har ta yi arahar da talaka zai iya ba sansa?

Figil ba ta da nisa da inda aka yi wannan bincike. Tana kan babbar hanyar da ta tashi daga Garwa zuwa Marwa, wajen kilomita 90 daga Garwa, a yankin Mayo Luti, ga kuma hanyar Lere ta ƙasar Cadi kusa. Gari ne na aikin ƙarfi. Akwai masana'antar siminti, akwai wuraren fasa farin dutse, akwai manyan motoci da masu lodi, akwai gonakin auduga kewaye, akwai kuma samarin da suke yini a kan babur suna ɗaukar fasinja cikin zafin watan Maris da Afrilu. A duk arewacin Kamaru irin waɗannan mutane ne suka fi sanin abin da ake kira taramol. Ba don nishaɗi yawancinsu suka fara ba. Bayansu yana ciwo, rana tana dūka, mai babur yana jiran kuɗinsa da yamma, ƙwayar kuwa tana kan tebur a bakin hanya, ko a hannun mai shayi, ba takardar likita, ba tambaya.

Kamaru ba ta rasa doka ba. Akwai doka mai lamba 97/019 ta ranar 7 ga Agusta 1997, wadda ta shafi miyagun ƙwayoyi da fataucinsu, akwai kuma kwamitin ƙasa na yaƙi da su. Amma a duba waɗanda wannan doka take kamawa. Yaron da aka samu da ƙulli ɗaya na wiwi a aljihu. Ɗan babur da aka tare da sauran ƙwaya uku. Mai tebur wanda dukan jarinsa bai kai kuɗin akuya biyu ba. Su ne ake jerawa a gaban ofishin jandarma, a zube kayan a gabansu, a ɗauki hoto. Daga nan sai kurkukun Gider ko na Garwa, inda mutum zai iya yin watanni yana jira kafin ya ga fuskar alƙali, gama fiye da rabin fursunonin Kamaru ba a yanke musu hukunci ba tukuna.

Ko ɗaya daga cikin waɗannan bai taɓa ganin inda ake buga ƙwayar ba. Likita yakan rubuta tramadol mai ƙarfin miligiram 50 ko 100, kuma ba a wuce 400 a yini. Wanda ya cika kasuwannin yankin nan kuwa akwai mai 120, da mai 200, da mai 225, har da mai 250. Ba asibitin da ya yi odar irin wannan. An yi shi ne musamman domin mai lodi da ɗan babur, a masana'antu masu rajista, yawancinsu a Indiya, aka zuba shi a kwantena, ya ratsa teku zuwa Kwatano da Lome da Legas. A watan Nuwamba na 2018 kaɗai hukumomin Najeriya sun kama fiye da ƙwaya miliyan 500 a tashar jiragen ruwa ta Legas. Wannan wanda aka kama ke nan. Wanda ya wuce ya bi mota, ya bi hanyoyin da man fetur na zuwa-zuwa yake bi, ya ƙetare iyaka, ya wuce shingen kwastan da na jandarma da na 'yan sanda ɗaya bayan ɗaya. Duk wanda ya taɓa tafiya daga Garwa zuwa Marwa ya san yawan tsayawar da ake yi a hanya. Matafiyi da ya manta katin shaidarsa ba ya wucewa. Yaya katan ɗin ƙwaya yake wucewa?

Akwai masu cewa a tsananta hukunci, a ɗaure kowa, sauran za su ji tsoro. Ba a raina masu wannan magana ba. Cikinsu akwai uwar da ɗanta ya sayar da buhun dawarta, akwai wanda ɗan babur mai jajayen idanu ya karya wa ƙafa. Fushinsu yana kan hanya. Wanda ya yi sata a hukunta shi saboda sata, wanda ya buge mutum ya amsa laifinsa. Amma tsoro ba ya aiki a jikin da ya riga ya kamu. Tramadol dangin ofiyom ne. Wanda ya saba da shi, in ya kwana biyu bai sha ba, sai zufa, da gudawa, da ciwon gaɓoɓi, da rashin barci, da fargabar da ba ta da dalili. Wanda ya sha da yawa kuma yakan faɗi yana shure-shure kamar mai farfaɗiya, wani lokaci a kan babur, da fasinja a baya. Wannan ciwo ne, kuma kurkuku ba ta da maganinsa. Saurayi yakan shiga da jaraba ɗaya, ya fito da ita, ya ƙara da sabbin abokai da sunan tsohon fursuna wanda ba mai ba shi babur ko 'ya.

Ba sabon tunani ba ne wannan. A 2014 wata hukuma ta Afirka ta Yamma, wadda Kofi Annan ya kafa, tsohon shugaban Najeriya Olusegun Obasanjo kuma ya shugabanta, ta ce a ɗauki shan ƙwaya a matsayin matsalar lafiya, a daina ɗaure masu sha, a juya ƙarfin hukuma kan manyan 'yan fatauci da jami'an da suke rufa musu asiri. Obasanjo tsohon soja ne, ba wanda zai ce da shi mai sanyin hali. A 2020 ƙasar Gana ta sake dokarta, ta sa tara a maimakon ɗauri ga wanda aka samu da ƙwaya don amfanin kansa.

Waɗansu kuma suka ce to a haramta maganin gaba ɗaya a huta. Su ma ba su shiga ɗakin marasa lafiya sun duba ba. A asibitocin karkara, inda mofin yake da wuyar samu, tramadol ne sau da yawa ake ba wanda aka yi wa tiyata, da mai ciwon daji, da mai ciwon sikila. Wannan yana cikin dalilan da suka sa kwamitin masana na Hukumar Lafiya ta Duniya, da ya sake duba maganar a 2018, bai ba da shawarar a sa shi cikin jerin ƙwayoyin da yarjejeniyoyin duniya suka tsare ba. Daɗin daɗawa, haramci shi kaɗai ba ya kashe kasuwa. A Afrilun 2018 Indiya ta tsananta dokar fitar da tramadol, a Mayu Najeriya ta hana maganin tari mai kodin. 'Yan kasuwa suka sake riga. Suka shigo da wata ƙwaya mai suna tapentadol, gauraye da wani maganin saki jijiya, a cikin fakiti mai kama da na da. Sai a Fabrairun 2025, bayan BBC ta tona asirin wani kamfani a Mumbai, Indiya ta hana wannan haɗin. Shekara bakwai ke nan ana sha. Wanda ya buga ƙwayar ya sami shekara bakwai, ɗan babur na Figil kuwa ba a ba shi ko minti bakwai a shinge in ba shi da abin miƙawa.

Ikkilisiya ma tana da nata taikin da take dūka. An saba, in aka ji saurayi yana shan ƙwaya, dattawa su zauna, a sa shi ƙarƙashin horo, ya koma bencin baya, daga nan ya daina zuwa, kowa ya huta. Ba a cika jin an kira mai shagon da yake sayarwa ba, ko mai gonar da yake jefa ƙwaya cikin shayin 'yan ƙwadago domin su gama kadada kafin azahar, ko mai babura biyar da ya yanka wa yaransa kuɗin da ba mai iya kawowa sai ya yi aikin awa goma sha shida. Waɗannan suna zaune a bencin gaba ranar Lahadi, baikonsu kuwa yana da nauyi. Ikkilisiyoyin arewacin Kamaru suna da ɗakunan shan magani da ma'aikatan jinya tun zamanin 'yan mishan. Ma'aikacin jinya da aka koya masa yadda ake rage wa mutum ƙwaya sannu a hankali, da ɗaki guda, da Zumuntar Mata da za ta kai abinci na mako biyu, bai fi ƙarfin gunduma ɗaya ba. Kuɗinsa bai kai na sabon rufin majami'a ba.

Ga hukuma kuwa, lissafin da ya kamata a nema daga gare ta a ƙarshen shekara ba yawan samarin da aka kama a tashar motar Figil ba ne. A faɗa wa jama'a katan nawa aka tare, na wane ne, wane jami'i ne ya sa hannu a takardar da ta rako shi, kuma a wace kotu shari'arsa take.